Sakin Dukiyar da Kotu ta Tsare Bayan 'Yan'uwa Sun Yi Sulhu



Muna godiya ga shugabannin ƙungiya da suka ba mu damar tsayawa gabanku, ko da yake a cikin zauren nan akwai waɗanda suka fi mu sanin shari'a nesa ba kusa ba. Abin da za mu yi magana a kansa ba baƙo ba ne ga kowa. Duk wanda ya tashi a ƙasar Hausa, birni ko ƙauye, ya san gidan da aka garƙame da kwaɗo aka rubuta masa gargaɗi da jan fenti a bango, ko gonar da ta yi damina biyu ko uku ba a sa mata fartanya ba. In aka tambaya sai a ce, "Ai maganarta tana kotu." Sau da yawa kuwa in aka bincika sai a tarar maganar ta daɗe da mutuwa. 'Yan'uwan da suka yi rigimar sun shirya, suna zuwa sunan juna da bikin juna, amma kwaɗo yana nan inda aka sa shi. Manufarmu a yau ita ce mu nuna cewa sulhun da aka yi a zaure bai kammala ba sai an koma kotun da ta tsare dukiyar ta sake ta, kuma takardar saki ta isa duk inda takardar tsarewa ta isa. In ba haka ba, an kashe maciji ne ba a sare kansa ba.

Dalilin da ya sa kotu ke tsare dukiya

Bari mu fara da yi wa kotu adalci. Alƙali ba ya rufe gida don mugunta. Idan mutum ya rasu ya bar gida da gona da shaguna, magada suka kasa daidaitawa har ɗayansu ya kai ƙara, to akwai tsoron kafin a yanke hukunci wanda dukiyar ke hannunsa ya sayar, ko ya jinginar, ko ya cinye amfaninta. In haka ta auku, ranar hukunci babu sauran abin rabawa. Don haka ne kotu ke ɗaure hannun kowa har gaskiya ta bayyana, kuma sau da yawa raunana ne ke cin moriyar wannan, watau matan mamaci da 'ya'ya mata da ƙananan yara.

Malaman mazhabar Malikiyya, wadda kotunanmu ke bi, suna kiran wannan aiki tauƙifi. Alƙalin Garnaɗa ta ƙasar Andalus, Abubakar ɗan Asimu, wanda ya rasu a shekarar 829 ta Hijira, daidai da 1426, ya keɓe masa fasali guda a cikin littafinsa Tuhfatul Hukkami, littafin da alƙalan ƙasar nan suka daɗe suna dogara da shi tare da Muhtasar na Shehu Halilu. Abin sha'awa shi ne bai yi wa dukiya kuɗin goro ba. Gida ana rufe shi, amma bayan an ba da lokacin kwashe kayan ciki. Abin da ke kawo kuɗin shiga, kamar gidan gashin gurasa ko wurin niƙa, ba a tsai da aikinsa, kuɗin da yake kawowa ake riƙewa. Fili ana hana a yi aiki a cikinsa. Abin da zai lalace in an ajiye kuwa, sayar da shi ake yi a riƙe kuɗin. Sa'an nan ya nuna cewa babu makawa a yanka wa tsarewar wa'adi. Daga nan za mu fahimci abu biyu: ana tsare dukiya ne ta hanyar da ta fi ƙarancin ɓarna, kuma ana tsare ta ne zuwa wani lokaci sananne.

Dokokin da muka gada daga Turawa, waɗanda Babbar Kotu da kotunan majistare ke aiki da su, su ma ba su yi nisa da wannan ba. Za mu iya kasa tsarewar gida uku. Na farko shi ne umarnin hani tun shari'a na gudana, a ce kada wanda ya sayar, ko ya gina, ko ya karɓi haya. A shekarar 1989, a shari'ar Kotoye da Babban Bankin Nijeriya, Kotun Ƙoli ta ja kunnen alƙalai cewa irin wannan umarni, in an ba da shi ba tare da an ji ta bakin ɗaya ɓangaren ba, na gaggawa ne kurum, kuma na ɗan lokaci ne kafin a saurari kowa. Na biyu shi ne kama dukiya bayan hukunci, alal misali kotu ta ce babban wa ya biya ƙannensa mata rabonsu ya ƙi, sai a kama kadararsa don a yi gwanjonta. Dokar zartar da hukunci, wadda ta fara aiki tun 1945, ta ce a sashe na 44 ba a taɓa gida ko fili sai an rasa kayan da za su isa biyan bashin, a sashe na 83 kuma ta ba kotu ikon ta sa banki ya riƙe kuɗin wanda ake bi. Na uku shi ne gargaɗin da ake shigarwa a fayil ɗin fili a ofishin ƙasa da safiyo, wanda ke hana a sauya sunan mai shi. Kotunan Shari'ar Musulunci da Kotunan Yanki suna da nasu ƙa'idoji, amma manufar ɗaya ce.

Sulhu da sharuɗɗansa

Yawancin rigingimun gado ba hukunci ke kashe su ba. Gajiya da kunya da sa bakin manya su ke kashe su. Kawu ya zo daga ƙauye, liman da mai unguwa su zauna, a tuna wa yara cewa ciki ɗaya suka fito ko uba ɗaya ya haife su, a yi kuka a yafi juna. Wannan abu ne mai kyau, kuma shari'a tana son sa. Alƙur'ani mai girma ya fifita sulhu a aya ta 128 ta Suratun Nisa'i, surar da ta zo da rabon gado a ayoyi na 11 da 12 da 176. Sayyidina Umar, a cikin wasiƙarsa ga Abu Musa al-Ash'ari kan aikin alƙalanci, ya halatta sulhu muddin bai halatta haram ko ya haramta halal ba. Hukumomin zamani ma sun gane amfaninsa: an buɗe gidan sasanci a ƙarƙashin kotu a Legas a 2002, aka buɗe irinsa a Kano a 2009.

Sai dai sulhu a kan gado yana da sharuɗɗa. Malamai sun ce ba ya inganta sai masu yin sa sun san yawan abin da mamaci ya bari, domin ba a yafe abin da ba a sani ba. Wasiyyi yana iya yin sulhu a madadin maraya, amma ban da wanda zai jawo wa marayan hasara ko cuta. Ba a raba amfanin gona da ƙiyasi tun yana zangarniya ba a sussuke ba. Magaji yana iya karɓar wani abu ayyananne ya fita daga gadon, kamar matar mamaci ta karɓi kuɗi a madadin tumunin takabarta, amma da saninta da yardarta. Idan kuwa sulhu ya ƙullu bisa ƙa'ida, to ya zama tilas a kan kowa, babu mai warware shi don ya sake tunani.

Abin da ya sa kwaɗo ba ya buɗe kansa

A nan ne mutanenmu ke yin kuskure. Da zarar an shafa fatiha a zaure sai kowa ya ɗauka magana ta ƙare. Amma alƙali ba ya zaure, magatakardan kotu ba ya zaure, manajan banki da ma'aikacin ofishin ƙasa ba sa zaure. A littafin kotu shari'a tana nan da ranta, umarni yana nan da ƙarfinsa. Kotun Ƙoli ta tabbatar a shari'ar Rossek a 1993 cewa umarnin kotu yana nan daram, kuma wajibi ne a bi shi, har sai kotun da ke da iko ta soke shi, ko da mutum yana ganin umarnin kuskure ne. Gaskiya ne umarnin wucin gadi yakan faɗi idan shari'ar da ta haife shi ta ƙare, amma shari'a ba ta ƙarewa sai kotu ta rubuta cewa ta ƙare. Ko bayan ta rubuta ɗin ma, banki ba zai saki kwabo ba, ofishin ƙasa ba zai cire gargaɗi ba, sai sun ga takarda mai hatimi.

Wasu kuma sai su ce, tun da mun shirya, gidan ubanmu ne, a kawo guduma a fasa kwaɗon. Wannan gudun gara ne a faɗa gidan zago. Wanda ya karya umarnin kotu ya raina kotu, kuma doka ta tanadi hanyar ɗaure shi: a Babbar Kotu akan fara aika masa fom mai lamba 48 na gargaɗi, sa'an nan mai lamba 49 na ya zo ya faɗi dalilin da zai hana a kai shi kurkuku. A shekarar 1986 Kotun Ƙoli ta tsawata wa gwamnatin soja ta Jihar Legas kanta, saboda ta fitar da Cif Emeka Ojukwu da ƙarfi daga wani gida a Ikoyi alhali maganar gidan tana gaban kotu. Idan gwamnati mai bindiga ba ta da ikon yanke wa kanta hukunci, ina ga talaka mai guduma? Mai saye ma bai tsira ba. A shari'ar Ogundiani da Araba a 1978 kotun ta nuna cewa wanda ya sayi gida ko fili alhali ana shari'a a kansa, ya saya ne a kan haɗari, domin hukuncin da aka yanke daga baya zai hau kansa. Saboda haka dillali mai hankali ba ya kusantar gidan da ke da jan fenti, in kuwa ya kusanta to da farashin wulaƙanci zai zo.

To me ke hana mutane komawa kotu? Wani kunya yake ji a sake ganinsa a can shi da ɗan'uwansa. Wani tsoron kashe kuɗi yake yi, bayan abin da ya riga ya kashe. Wani bai san ana komawa ba sam. Wani lokaci wanda ya kai ƙarar ya rasu, ko an yi wa alƙalin canjin wurin aiki. Idan abin ya tsufa, neman fayil ɗin kansa aiki ne, domin kotunanmu sun sha sauye-sauye: kotunan alƙalai na En'e sun koma Kotunan Yanki a ƙarƙashin gwamnatocin jihohi daga 1968, an cire Katsina daga Kaduna a 1987, Jigawa daga Kano a 1991, Zamfara daga Sakkwato a 1996, sa'an nan daga shekarar 2000 jihohi da dama suka kafa Kotunan Shari'ar Musulunci. Akwai kuma dalilin da ba a cika son faɗa ba, watau wani yana cin moriyar kwaɗon. Wanda aka damƙa wa karɓar haya kafin a gama shari'a ba lalle ne ya ƙagara a gama ba.

Hasarar da jinkiri ke jawowa

Dukiya ba ta zama yadda aka bar ta. Gidan ƙasa yana bukatar yaɓe kafin damina. In an rufe shi, indararo ya toshe, ruwa ya kwanta a rufi, gara ta ci azara, bayan damina biyu ko uku sai a tarar abin da aka yi shekaru ana shari'a a kansa ya zama kango. Gona in ta zama saura, maƙwabta sukan ci iyaka kaɗan kaɗan, dattawan da suka san iyakar kuma suna ta mutuwa. Kada mu manta da hukuncin hauzi a Malikiyya: wanda ya ga bare yana amfani da filinsa shekara 10 ya yi shiru ba tare da uzuri ba, ba a sauraron da'awarsa, tsakanin dangi kuwa akan kai shekara 40. Magadan da suka bar fili ba mai kula suna buɗe wa kansu ƙofar sabuwar shari'a da mutanen waje.

Kuɗin da aka riƙe ma narkewa suke yi. Mu ɗauka mutum ya rasu ya bar mata biyu da 'ya'ya maza uku da mace ɗaya, iyayensa kuma sun riga shi. Mu ce hayar shagunansa da aka tara ta kai naira 800,000. Matan biyu suna da tumuni, watau naira 100,000, kowace 50,000. Kowane namiji yana da 200,000, 'yar tana da 100,000. A shekarar 2024 hauhawar farashi a Nijeriya ta haura kashi 30 cikin 100. A irin wannan shekara, kuɗin da aka ajiye a farkonta in aka fito da su a ƙarshenta ba za su sayi abin da ya wuce na naira 615,000 ba. Babu wanda ya saci ko sisi, amma kusan rubu'in haƙƙin kowa ya tafi. Wa ya fi jin zafin wannan? Ba babban wa mai albashi ba ne. Matar da ta fita takaba tana raɓe a gidan ɗan'uwanta ce, da yaron da aka koro daga makaranta saboda kuɗin jarrabawa. Daga cikinmu nan ma ba a rasa wanda kuɗin rajistarsa ke kwance a asusun da aka rufe.

Daɗin daɗawa, mutuwa ba ta jiran fayil. Idan magaji ya rasu kafin a raba, rabonsa ya koma ga nasa magadan, abin da malaman fara'ili ke kira munasaha. Sulhun da mutum shida suka yi sai ya zama yana bukatar yardar mutum ashirin, waɗanda ba su halarci zaman farko ba, ba su kuma ji nauyin kawun da ya sasanta ba. Ta haka rigimar da iyaye suka binne 'ya'ya ke tono ta.

Hanyar sakin dukiya

Hanyar ba ta da wuya in an bi ta da wuri. Da farko a rubuta sulhun. A ambaci kowace kadara da sunanta: gida da unguwarsa da maƙwabtansa na gabas da yamma da kudu da arewa, gona da iyakokinta, lambar takardar shaidar mallaka in akwai, asusun banki, da hayar da aka tara. A faɗi wanda ya sami kowane abu. Kowane magaji, mace da namiji, ya sa hannu ko ya dangwala yatsa a gaban shaidu.

Na biyu, a kai takardar kotun da ta ba da umarnin, kuma kowa ya halarta. Alƙali zai tambayi kowa ko da yardarsa aka yi, sa'an nan ya mai da sulhun hukuncin kotu. Wannan yana ba shi ƙarfin da takardar zaure ba ta da shi. A Babbar Kotu, sashe na 241 na Tsarin Mulkin 1999 ya hana ɗaukaka ƙara a kan hukuncin da aka yi da yardar ɓangarori sai da izinin kotu.

Na uku, a roƙi kotu a fili ta janye umarnin tsarewa, a ambaci kowane umarni da ranar da aka ba da shi. Kada a wadatu da cewa an janye ƙara. In akwai wata ƙara a wata kotu a kan dukiyar nan, ita ma a je a rufe ta.

Na huɗu, wanda ya riƙe amana ya kawo lissafi: nawa ya karɓa, nawa ya kashe wajen gyara, nawa ya rage. Wannan ba rashin yarda ba ne, gyara kayanka ba ya zama sauke mu raba.

Na biyar, a karɓi kwafin umarnin saki mai hatimin kotu, a kai wa duk wanda aka kai wa na farko: banki, ofishin ƙasa da safiyo, mai unguwa ko dagaci, 'yan haya, da 'yan sanda in an taɓa sa su ciki. Kowa ya sa hannu ya karɓa. Duk kuɗin da aka biya a kotu a karɓi rasit.

Na shida, ma'aikacin kotu ya zo ya buɗe kwaɗon a gaban shaidu, a duba kayan ciki a gwada da jerin da aka rubuta ranar rufewa, a shafe rubutun bango. Daga nan kowa ya nemi takardar rabonsa da sunansa. Idan sulhun ya ƙunshi sayar da fili mai takardar gwamna, a tuna sashe na 22 na Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 ya ce sai da amincewar gwamna.

Inda ya kamata a dakata

Mai tambaya zai ce, me zai hana a yi doka cewa da zarar an yi sulhu tsarewa ta faɗi da kanta, a hutar da mutane? Amsarmu ita ce ba duk abin da aka kira sulhu ne sulhu ba. Sau nawa ake tara maza a zaure a yanke magana, sa'an nan a aika cikin gida a ce wa mata ga abin da aka yi? Sau nawa ake ce wa yarinya ta bar wa yayyenta gona don ita aure za ta yi, ta yi shiru don kunya, a ce ta yarda? Tsayawar kowa gaban alƙali ita ce dama ta ƙarshe da irin waɗannan ke da ita. Tsarin Mulki ma, a sashe na 277, ya lissafa gado da wasiyya da kyauta da al'amuran yara ƙanana a cikin abubuwan da Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'ar Musulunci ke sa ido a kansu.

Ban da wannan, akwai masu haƙƙin da ba sa wurin sulhu. Ba a rabon gado sai an fitar da kuɗin jana'iza, an biya bashi, har da sauran sadakin matar mamaci in akwai, an kuma zartar da wasiyya wadda ba ta wuce sulusi ba. Magada ba su da ikon yafe wa juna kuɗin mai bin bashi. Idan mamaci ya bar mace da ciki, Malikiyya sun ce a dakatar da rabo sai ta haihu. Idan ɗaya daga cikin magada ya ɓace, ba a san yana raye ko ya mutu ba, kamar yadda ya sami gidaje da yawa tun rikicin da ya ɓarke a Arewa maso Gabas a 2009, to akan yi lissafi biyu, ɗaya a kan yana raye ɗaya a kan ya mutu, a ba kowa abin da babu shakka nasa ne, a riƙe abin da ake kokwanto. Wannan hukunci yana koya mana cewa ba tilas ne a saki duka ko a riƙe duka ba. Alƙali yana iya riƙe shago ɗaya saboda bashi ya saki gida da gona. Bai kamata a hana mutum goma haƙƙinsu saboda rabon mutum ɗaya ba.

Kira

Ga iyayenmu alƙalai, muna roƙo da ladabi a raya abin da littattafansu suka tanada: duk umarnin tsare dukiya a yanka masa wa'adi, in wa'adin ya cika a kira masu shari'a a ji inda aka kwana. Ranar da aka karɓi sulhu, a rubuta sakin dukiya a cikin hukuncin nan take, ko masu shari'a ba su san su roƙa ba. Ga Alƙalin Alƙalai da Babban Joji na kowace jiha, muna ba da shawara kowace kotu ta buɗe littafi na musamman na dukiyar da ke tsare, sufetocin kotuna su riƙa duba shi, a kuma manna kuɗin da doka ta yanka na kowace takarda a ƙofar kotu da Hausa, boko da ajami. Ga lauyoyi, aikinku bai ƙare ba sai makulli ya koma hannun mai shi. Ga malamai da masu unguwa da duk masu sasanta mutane, kafin a shafa fatiha a tambaya ko akwai takardar kotu a kan dukiyar, in akwai a sa ranar komawa tun ba a watse ba.

Sauran mu ɗalibai. A gidajenmu da yawa mu ne ake kira mu karanta wasiƙa, mu ne ake aika mu cike fom. Iyayenmu sun sayar da amfanin gona sun biya mana makaranta, kuma ba sai mun sami digiri za mu fara biyan su ba. Idan aka yi hutu muka koma gida, kowa ya bincika a danginsa da unguwarsu: akwai gida ko gona ko asusun da kotu ta tsare, alhali masu rigimar sun shirya? In akwai, mu nemi lambar ƙarar, mu raka iyayenmu mata da gwaggonninmu wurin magatakarda, mu karanta musu abin da za su sa wa hannu kafin su sa. Mu yi haka da ladabi, ba tare da nuna wa manya mun fi su sani ba, domin su suka yi babban aikin, watau haɗa zukatan da suka rabu. Namu shi ne ƙaramin, na takarda da zirga-zirga. 'Yan'uwanmu masu karatun shari'a kuma muna ba ƙungiya shawara ta keɓe musu rana a kowane zangon karatu, su zauna a ƙarƙashin jagorancin malamansu su saurari ɗaliban da ke da irin wannan matsala a gida, su nuna musu ƙofar da za su ƙwanƙwasa.

Kammalawa

A taƙaice, mun ga cewa kotu tana tsare dukiya ne don ta kare ta, kuma shari'ar Musulunci da dokar ƙasa sun haɗu a kan cewa tsarewar ta wani lokaci ce. Mun ga cewa sulhu ba ya ɗage umarnin kotu sai an koma an nemi a ɗage, kuma fasa kwaɗo da hannu laifi ne. Mun ga cewa jinkiri yana cin gini, yana cin gona, yana cin darajar kuɗi, kuma raunana yake fara ci. Zumuncin da aka gyara da baki aka bar dukiya a ɗaure bai daɗe yake sake tsagewa ba, domin yunwa da zargi ba sa barin zuciya ta huta, kuma sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga. Wanda ya ɗauki nauyin sasanta 'yan'uwa, to ya daure ya raka su har ƙofar kotu, ya ga an ba kowa makullinsa.

 Allah ya jiƙan magabatanmu, ya albarkaci abin da suka bari, ya ƙara haɗa kan zuriyarsu.